Mahaɗin Fiya a Kudancin Ƙasar Amurka: Me Ya Sa Ba a Yin Ƙiyasi a Cikin Kwalba?

Daga ƙarshen watan Agusta zuwa Oktoba, a ƙauyukan jihohin Jojiya da Alabama da Misisipi da gabashin Tekzas, akwai wata bishiya da ke tsaye a bayan tsofaffin gidaje tana zuba 'ya'ya fiye da yadda mutanen gidan za su iya cinyewa. Fiya ce, amma ba fiyar nan mai maiƙo da ƙwallo guda da ake kawowa kasuwanninmu daga Jos da Mambila ba. Wannan 'yar'uwar tuffa ce, mai ruwa da zaƙi da ɗan tsami, irin wadda masu sayar da kayan marmari kan shigo da ita daga waje. Wadda ke bayan gidajen kudancin Amurka tauri gare ta, ga tsakuwa-tsakuwa a cikin namanta, ba ta daɗin ci ɗanya. Shi ya sa matan yankin suka daɗe suna markaɗa ta da albasa da tattasai, su dafa da khal da sukari, su ɗura a kwalabe, su ajiye mahaɗin da za a ci har wata kakar ta zagayo. Aiki ne na gida, na tukunya da ludayi, amma yana ɗauke da wata ƙa'ida mai tsauri da nake ganin ta cancanci a kare ta daga masu raina ta: abin da za a ci yau, gwanin girki na iya yin sa da ƙiyasin ido da ɗanɗanon harshe; abin da za a rufe a kwalba a ajiye wata da watanni kuwa, sai da awo, kuma awon da aka riga aka gwada a ɗakin bincike.

Kafin a kai ga kwalba, bishiyar kanta tana da labari. Fiyar Turai mai laushi, irin su Bartlett, ba ta jure zafi da laimar kudancin Amurka, domin akwai wata cutar bakteriya da ke ƙone rassanta su yi baƙi kamar wuta ta bi ta kansu. A tsakiyar ƙarni na 19 wani mai renon itatuwa, Peter Kieffer, da ke zaune a Roxborough kusa da birnin Filadelfiya, ya tarar da wani tsiro a gonarsa wanda ya fito daga barbarar fiyar Sin mai tauri da fiyar Turai. An nuna 'ya'yansa a babban baje kolin Filadelfiya na 1876, daga nan irin ya bazu da sunan mai gonar. Bishiyar Kieffer tana jure cutar, tana daɗewa, tana 'ya'ya ko ba a kula da ita ba, har ta kai ga akan tarar da ita tana tsaye a kangon da gidansa ya rushe tun tuni. Aibinta ɗaya shi ne taurin nan. Sai dai abin da ya hana ta daɗi a hannu shi ya sa ta dace da tukunya: fiya mai laushi narkewa take yi ta zama kunu in ta ji wuta, ita kuwa wannan tana riƙe jikinta, a ji ta a haƙori ko bayan an dafa an kuma tafasa kwalbar.

Mahaɗin da ake yi da ita ba miya ba ne, ba kuma abin shafa wa burodi ba. Cokali ɗaya ko biyu ake ɗorawa a gefen abinci, mai zaƙi da tsami da ɗan yaji, don ya farkar da abincin da ba shi da kayan haɗi da yawa. Abokin tafiyarsa na farko a kudancin Amurka shi ne dafaffen wake, kuma waken nan namu ne mai baƙin ido, wanda asalinsa Afirka ta Yamma ne, ya tsallaka teku a zamanin cinikin bayi. Ana ci da dafaffen ganye, da burodin masara, da gasasshen nama. Abincin talaka ne da ya san hunturu na tafe, lokacin da lambu ba ya ba da komai sai abin da aka tanada. Khal a matsayin mahaɗi kuwa ba baƙon abu ba ne ga mai karatu Musulmi, tunda Imam Muslim ya ruwaito hadisin Jabir inda Manzon Allah (SAW) ya ci gurasa da khal ya kuma yabe shi.

Yadda ake yin sa ba wani sirri ba ne. Jami'ar Jojiya da ke garin Athens, inda cibiyar ƙasa ta adana abinci a gida take tun shekarar 2000, ta wallafa wani tsari da aka gwada. Ana ɗaukar fiya galan 2, wato kimanin lita 7 da rabi, a fere a cire tsakiyarta, a haɗa da manyan albasa 6, da koren tattasai 6, da ja 6, da damin seleri guda, a niƙa su ba da laushi sosai ba. A zuba sukari kofi 3, da gishiri babban cokali 1, da kayan ƙamshi, sannan khal kofi 5, wanda aka rubuta a jikin kwalbarsa cewa ƙarfin tsaminsa kashi 5 cikin 100 ne. A rufe haɗin ya kwana a firiji, da safe a ɗora a wuta ya tafasa, a tukunyar da ba ta tagulla ko baƙin ƙarfe ba, don tsami yana cin waɗannan. Sai a ɗura shi da zafinsa a kwalabe masu zafi, masu cin kusan rabin lita, a bar sarari kamar santimita 1 da ɗoriya a sama, a zura tsinken roba a fitar da iskar da ta maƙale, a goge bakin kwalbar tas, a sa murfi. Daga nan kwalaben su shiga babbar tukunya a kan wata 'yar raga da ke raba su da gindin tukunyar, ruwa ya shanye kansu da santimita 3 zuwa 5, a tafasa su minti 20, kuma lissafin ba ya farawa sai ruwan ya soma tafasa sosai. A fitar da su a jera a kan tawul, kada a taɓa su sai bayan awa 12 zuwa 24. Murfin da ya lotsa ciki, ba ya motsi in an danna shi, ya kama. Wanda bai kama ba firiji zai shiga a cinye shi cikin 'yan kwanaki.

Duk wanda ya karanta wannan tsari zai iya tambayar me ya kawo kofi 5 daidai, me ya hana 4 in khal ɗin ya yi wa mai girki kaifi. Amsar tana cikin ƙasa, a zahiri. Akwai wata bakteriya mai suna Clostridium botulinum da ke zaune a turɓaya ko'ina a duniya, tana maƙale wa albasa da tattasai da duk abin da ya taɓa ƙasa. Wani malamin kimiyya ɗan Beljiyam, Emile van Ermengem, shi ya gano ta bayan da wasu makaɗa a garin Ellezelles suka ci naman da aka adana da gishiri a 1895, uku daga cikinsu suka mutu. Idan yanayi bai yi mata ba, takan dunƙule cikin wani ɓawo mai tauri ta yi kwanton ɓauna, kuma a wannan hali muna haɗiye ta kullum ba ta yi wa babban mutum komai. Ruwan da ke tafasa a tukunya ba ya wuce digiri 100 a ma'aunin Selsiyas, ɓawon nan kuwa yana iya jure wannan zafi na awoyi. Sai an kai digiri 116 a tukunya mai matse tururi ake gamawa da shi. Abubuwa huɗu take jira ta farka: danshi, ɗumi, rashin iska, da ƙarancin tsami. Kwalbar da aka rufe ruf aka ajiye a ɗakin ajiya ta riga ta ba ta uku. Idan ta farka takan fitar da dafin da ke cikin mafi ƙarfi da ɗan Adam ya sani, wanda ke bin jijiyoyi: ido ya fara ganin abu biyu-biyu, fatar ido ta sauka, haɗiya ta gagara, magana ta sarƙe, shanyewar ta gangara har ta kai ga naman da ke jan numfashi. Alamomin kan bayyana cikin awa 12 zuwa 36. Mafi munin lamarin shi ne, abincin da ke ɗauke da dafin na iya zama ba wari, ba kumfa, ba canjin launi.

Saura abu na huɗu ke nan, kuma shi kaɗai ne a hannun mai girki. Masana na auna tsami da ma'aunin pH, inda ƙaramar lamba ke nufin tsami mai ƙarfi, kuma an tabbatar bakteriyar ba ta tsiro idan lambar ta kai 4.6 ko ƙasa da haka. Fiyar Turai a kan kanta galibi tana ƙasan wannan iyaka, shi ya sa ake iya adana ta da ruwan sukari kawai. Albasa da tattasai da seleri kuwa duk suna samanta, a wajen 5 zuwa 6. Mahaɗin fiya, ke nan, haɗuwa ce ta abu mai tsami da abubuwa marasa tsami a tukunya ɗaya, kuma khal ne ke rinjayar da sikelin zuwa ɓangaren tsira. Mai girkin da ta ƙara albasa biyu saboda maigida yana son ta, ko ta rage khal kofi guda ta cike da ruwa, ko ta yi amfani da khal ɗin da aka haɗa a gida wanda ba a san ƙarfinsa ba, ta taɓa sikelin nan ba tare da ta gani ba. Harshe ba zai faɗa mata ba, don sukari yana rufe tsami, kuma babu harshen da ke rarrabe 4.4 da 4.8. Hatta fiyar ba a yarda da kowace iri ba: fiyar Asiya zalla, mai zagaye kamar tuffa, tsaminta bai kai ba, kuma ma'aikatar gona ta Amurka ta ce sai an ƙara mata ruwan lemon tsami kafin a rufe ta.

To idan khal ya riga ya ɗaure bakteriyar, mene ne amfanin tafasa kwalbar? Akwai wasu ɓarayin da tsami ba ya kora, wato fumfuna da yis da wasu ƙwayoyin da ke son tsami, su kuwa zafin tafasa yana kashe su. Fumfuna ba ƙazanta ce kawai a saman abinci ba. Idan ta yi girma tana cinye tsamin da ke kewaye da ita, ta buɗe wa babbar abokiyar gaba ƙofa. Tafasar kuma ita ke korar iskar da ta rage a saman kwalbar, ta yadda in ta huce murfin zai tsotsu ya kama. Wannan ne dalilin da ya sa hukumomin aikin gona na Amurka suka daina amincewa da tsohuwar dabarar nan ta ɗura abinci da zafi a rufe a kife kwalbar a bar ta. Murfin na iya kamawa, amma kamawar murfi shaida ce kawai cewa iska ba ta shiga. Ba ta ce komai a kan abin da aka rufe a ciki ba.

Babbar hujjar masu adawa ita ce ta kakanni. Za a ce tsofaffin matan Alabama sun shekara hamsin suna wannan aiki ba littafi ba agogo, sun kuma ga jikokinsu. Gaskiya ne, kuma bai kamata a yi musu rashin kunya ba. Amma a duba dalilin tsirarsu. Tsofaffin tsare-tsaren mahaɗi khal suke sha da yawa, har ya fi abin da harshen yau ke so, don haka suna cikin iyaka ko da ba su san sunanta ba. Haka Nicolas Appert, Bafaranshen da ya fito da dabarar adana abinci a kwalba ya kuma karɓi kyautar faran 12,000 daga gwamnatinsa a 1810, ya yi nasara ba tare da ya san dalili ba, sai bayan kusan shekara 50 binciken Louis Pasteur ya bayyana aikin ƙwayoyin cuta. Yin daidai ba da sani ba yana aiki har ranar da aka canza wani abu. Cutar kuma ba kullum take faɗawa ba, shi ya sa dubun kwalba da suka wuce lafiya ba sa zama hujja a kan ta dubu da ɗaya. A 1977, a garin Pontiac na jihar Mishigan, mutum 59 suka kwanta bayan cin miyar yaji a wani gidan abinci, wadda aka yi da barkonon da aka adana a kwalba ta hanyar gida. A watan Afrilun 2015, a Lancaster ta jihar Ohayo, mutum 29 suka kamu a wajen wata liyafar coci, aka kuma yi asarar rai. Bincike ya nuna dankalin da aka yi abincin da shi an adana shi ne da tafasasshen ruwa kawai, alhali dankali ba shi da tsami, tukunyar matsi yake bukata. Waɗanda suka yi waɗannan girke-girke ba ƙazamai ba ne, ba kuma mugaye ba. Ƙa'ida ɗaya suka tsallake.

Hujja ta biyu ta fi ta farko nauyi a wurina. Ana cewa idan kowa ya bi takardar jami'a ɗaya, mahaɗin gidan wance da na gidan wance za su zama ɗaya, gadon iyali ya ɓace, ma'aikacin gwamnati ya shigo har madafa yana ba uwar gida umarni. Akwai abin dubawa a nan, domin girki ba lissafi kaɗai ba ne. Sai dai ƙa'idar ba ta ɗaure hannun mai girki yadda ake zato ba. Abu uku ta riƙe: yawan khal da ƙarfinsa, yawan kayan lambu marasa tsami, da tsawon tafasa. Ta kuma hana a kaurara haɗin da fulawa ko sitaci kafin rufewa, kamar yadda wasu tsofaffin tsare-tsare ke yi, don kauri yana hana zafi ratsawa zuwa tsakiyar kwalba. Bayan wannan fili a buɗe yake. Mai son kurkum da ƙwayar mustad ta zuba, mai son kirfa da kanumfari da busasshiyar citta ta zuba, mai son yaji ta cire tattasai guda ta maye gurbinsa da barkono daidai yawansa. Wadda tsami ya yi wa yawa ta ƙara sukari, kada ta rage khal. Wadda kuma ta nace sai tsarin kakarta yadda yake, ba wanda ya hana ta: ta yi kaɗan ta sa a firiji, ko ta daskarar da shi. Tarihin aikin ma bai goyi bayan zancen kutse ba. Ƙungiyoyin 'yan mata masu noman tumatir da adana shi, waɗanda wata malamar makaranta, Marie Cromer, ta fara a gundumar Aiken ta Karolina ta Kudu a 1910, da jami'an wayar da kai da dokar Smith-Lever ta 1914 ta baza a karkara, su suka kai wannan sana'a gidaje da yawa tun farko. Abin da ake kira gadon kaka a yau, wani kaso nasa darasi ne da kakar ta koya tana yarinya.

Wasu kuma za su ce duk wannan wahala ce a zamanin firiji da kanti. A nan amsar gajera ce. Mahaɗin fiyar Kieffer ba abu ne da manyan kamfanoni suka damu da shi ba, bishiyar kuma ba ta daina 'ya'ya don an buɗe kanti. Kuma duk lokacin da duniya ta ƙuntata, mutane kwalba suke komawa: a 1943, ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu, gidajen Amurka sun cika kwalabe fiye da biliyan 4, a 2020 kuma, lokacin annobar korona, murafen kwalba sai da suka yi ƙaranci a kasuwa. Sabbin hannu da ke shigowa a irin wannan lokaci, ba kaka a kusa, su suka fi kowa bukatar tsari a rubuce.

Mai karatu a Kano ko Maraɗi ba shi da bishiyar Kieffer, amma maganar ta shafe shi ta wata ƙofa. Idan tumatirin Kadawa da Kura ya cika kasuwa kwando ya faɗi warwas, mata da yawa yanzu suna markaɗa shi, su dafa ya ƙafe, su ɗura a kwalaben mayonis su tafasa, don ranar da zai yi tsada. Niyyar mai kyau ce, dabarar ma 'yar'uwar wadda aka bayyana a sama ce. Matsalar ita ce tumatir a bakin iyakar 4.6 yake, shi ya sa tsarin Amurka ya ce a zuba ruwan lemon tsami irin na kwalba babban cokali 2 a kusan kowace lita, ko da tumatir ne zalla. Idan aka markaɗa shi tare da tattasai da attaruhu da albasa, kamar yadda muke haɗa kayan miya, haɗin na iya tsallake iyakar, kuma tafasasshen ruwa ba ya isar masa. Mai da akan kwarara a sama don ya toshe iska ba kariya ba ne daga wannan bakteriya, tunda rashin iskar take nema. Fiyarmu mai maiƙo kuwa ba ta da tsami ko kaɗan, kada wanda ya sa ta a madadin waccan. Ga kuma tudu: ruwa yana tafasa da ƙarancin zafi a wuri mai bisa, kuma mintunan da ke cikin tsare-tsaren nan na wuraren da ba su haura mita 305 daga teku ba ne. Kano da Zariya da Damagaram duk sun haura haka, Jos ta kai wajen mita 1,200, don haka dole a ƙara lokaci. Ajiya ma tana son wuri mai sanyi da duhu, a kuma cinye cikin shekara guda, abin da ɗakin kwano a watan Afrilu ba ya bayarwa. Kauɗar da iyayenmu ke shanyawa a rana ba ta da wannan haɗari, domin bushewa ta ɗauke danshin da bakteriyar ke bukata, kuma babu dalilin raina ta don kwalba ta shigo.

Dole a yarda cewa tsarin Jojiya an gina shi ne a kan kayan da ke hannun Ba'amurke: kwalba mai kauri irin wadda John Mason ya yi wa rajista a 1858, murfi mai ɓangare biyu da ake sayen sabo kowace shekara, khal mai lamba a jiki, da wutar da ba ta ɗaukewa. Kwafo shi kai tsaye ba zai wadatar ba. Abin da ya kamata a ɗauka shi ne hanyar da aka bi aka same shi, wato a gwada, a auna, a rubuta, a koyar. Muna da inda za a yi wannan: cibiyar binciken adana amfanin gona ta ƙasa mai hedikwata a Ilorin da reshe a Kano, da cibiyar binciken aikin gona ta Samaru, da takwararta ta wayar da kan manoma a Jami'ar Ahmadu Bello. Su auna tsamin tumatirinmu da mangwaronmu da kayan miyarmu, da irin kwalaben da ke hannun mata, su fitar da awo da mintuna na kowane gari, a karanta da Hausa a rediyo kafin kakar tumatir ta kama. Kafin nan, uwar gida, ki raba tumatir da sauran kayan miya, ki sa masa lemon tsami, ki shanya tattasai da attaruhu. Kwalbar da murfinta ya kumbura, ko ta yi tsartuwa da aka buɗe, a zubar da ita inda yaro ko dabba ba za su kai ba, kada a ɗanɗana. Wanda kuma ya fara ganin abu biyu-biyu ko haɗiya ta gagare shi bayan cin abincin kwalba, a kai shi asibiti nan take, a kuma faɗa wa likita abin da ya ci.